Faifan Sule 17 da Sisi: Nasiha Ga Masu Fara Waƙa

 Akwai cuta iri biyu da nake gani tana kama matasanmu masu sha'awar waƙa, kuma duka biyun rana ɗaya suke kama mutum, wato ranar da ya fara jin muryarsa tana fitowa daga lasifika. Wani da ya ji sai kunya ta rufe shi, ya goge abin, ya ce ashe ba shi da baiwa, ya haƙura har abada. Wani kuma da ya ji sai kansa ya kumbura, ya watsa wa duniya a daren, ya kwana yana ƙirga mutum nawa suka saurara. In wata ya zagayo bai yi suna ba, sai ya ce hassada ce, ko rashin ubangida. Dukansu sun ɗora wa aikin farko kayan da ba nasa ba. Aikin farko ba alƙali ba ne da zai yanke maka hukunci. Abin da yake yi maka biyu ne: ya gaya maka gaskiyar inda kake tsaye a yau, kuma in ka riƙe shi da kyau, ya miƙa ka ga aiki na gaba.

Hujjata a kan haka ita ce labarin wasu samari 'yan birnin Liverpool na Ingila, waɗanda duniya ta sani da suna Beatles. A tarihin kiɗan rok babu ƙungiyar da ta kai su cinikin faifai. Ban ɗauko su don wani ya kwaikwayi kiɗansu ko salon rayuwarsu ba. Al'adarsu daban, tamu daban, kuma akwai abubuwa a cikin tarihinsu da zan ce muku ku yi nesa da su. Na ɗauko su ne domin an adana muryarsu tun suna yara, daga 1958 har zuwa 1963, mataki bayan mataki. Yawancin manyan mawaƙa sai sun ƙware muke fara jin su. Waɗannan kuwa, ana iya zama a saurari lokacin da ba su iya ba.

Ɗaki ɗaya, makirufo ɗaya

A watan Yuli na 1958, samari 5 suka ɗauki kayan kiɗansu suka nufi wani gida a unguwar Kensington da ke Liverpool. A lokacin sunan ƙungiyarsu Quarrymen. John Lennon yana da shekara 17, Paul McCartney 16, George Harrison 15. Sauran biyun su ne Colin Hanton mai ganga da John Lowe mai fiyano. Mai gidan wani dattijo ne, Percy Phillips, mai sana'ar kayan lantarki, wanda ya mai da ɗaki guda na gidansa wurin ɗaukar murya. Kuɗin aiki sule 17 da sisi ne, wato kowanne yaro sule 3 da sisi. Ku tambayi kakanninku, sun san sule da sisi, da su ake ciniki a kasuwannin Najeriya kafin naira ta zo a 1973.

Suka tsaya gaban makirufo ɗaya, suka yi waƙa biyu. Ɗaya ta Buddy Holly ce, mawaƙin Amurka da suke ƙauna, mai suna "That'll Be the Day". Ɗayar kuwa tasu ce, "In Spite of All the Danger", wadda aka rubuta sunan Paul da George a kanta. Suka fito da faifai guda tak, irin wanda allura ke sassaƙa sauti a kansa, kuma duk sa'ad da aka ɗora shi a garmaho sai ya ƙara cinyewa. Da yake ɗaya ne, sai suka yi yarjejeniya kowa ya riƙe shi mako guda ya miƙa wa na gaba. Da ya isa hannun Lowe sai ya zauna a can shekara 23. A 1981 McCartney ya saye shi daga hannunsa, kuma sai a 1995 duniya ta ji shi, a cikin tarin tsofaffin ayyukansu mai suna Anthology 1.

Wanda ya saurari faifan nan a yau zai ji hayaniyar allura, ya ji kiɗa mai sanyin jiki, ya ji muryoyin yaran da ba su gama sanin kansu ba. Bahaushe ya ce Juma'ar da za ta yi kyau tun daga Laraba ake gane ta, amma ba kowace Laraba ce ke nuna alama ba. Babu mai jin wannan faifai ya rantse cewa nan da shekara 6 Amurka za ta ruɗe a kan waɗannan yara.

To, me ya kamata ku ɗauka a nan? Da farko, kuɗin aljihunsu suka haɗa, ba su zauna jiran mai ɗaukar nauyi ba. Na biyu, ba don sayarwa suka yi ba, don su ji kansu suka yi. Mai waƙa ba ya jin muryarsa yadda jama'a ke jin ta. A cikin kansa komai daidai yake, sai na'ura ta mayar masa da abin sannan yake jin inda numfashi ya yanke, inda ya riga kiɗa, inda kiɗa ya riga shi. Sun ci gaba da wannan ɗabi'a: a 1960 sun naɗi atisayensu da rikoda a gidan su Paul da ke Forthlin Road, kuma wani ɓangare na wannan ma yana nan har yau. Na uku, ku lura da fuskoki biyu na faifan. Fuska ɗaya ta gwanin da suke koyi da shi, ɗayar tasu ta kansu. Haka koyo yake tafiya. Wanda ya ƙi koyi da na gaba da shi ba zai sami tushe ba, wanda kuma ya tsaya a kwaikwayo kaɗai ba zai taɓa samun suna nasa ba.

Dare bayan dare a Hamburg

A watan Agusta na 1960, bayan sun koma amsa sunan Beatles, wani ɗan kasuwar Liverpool mai suna Allan Williams ya samo musu aiki a birnin Hamburg na Jamus. Ana saura 'yan kwanaki su tafi suka ɗauki Pete Best ya zama mai ganga, ga kuma abokin John, Stuart Sutcliffe, riƙe da jita mai kaurin murya. Ranar 17 ga Agusta suka fara wasa a wani ƙaramin kulob mai suna Indra. Awa 4 da rabi suke yi a daren ranakun aiki, awa 6 a ƙarshen mako. Makwancinsu wasu 'yan ɗakuna ne a bayan allon wani gidan silima, Bambi Kino, dab da ban-ɗaki.

Wanda zai tsaya awa 6 a gaban jama'a, waƙa 10 ba za ta ishe shi ba. Dole suka haddace waƙoƙin Chuck Berry da Little Richard da Carl Perkins da Elvis Presley da wasu da yawa, suna ja suna tsawaitawa, suna sauya salo don kada a gaji da su. Masu sauraron kuma ba dangi ba ne, ba abokai ba. Matuƙan jiragen ruwa ne da 'yan yawon dare, waɗanda ba ruwansu da sanin ko kai ɗan wane ne. In kiɗa ya yi su zauna, in bai yi ba su fice. A 1961 sun yi dare 92 a kulob ɗin Top Ten. Sau 5 suka je aiki Hamburg tsakanin 1960 da ƙarshen 1962. A gida kuma, a wani kulob na ƙarƙashin ƙasa mai suna Cavern, sun yi wasa kusan sau 300 daga 1961 zuwa 1963.

Ƙannena, a nan hannunsu ya faɗa. Abokinka zai ce maka waƙarka ta yi daɗi domin yana jin nauyinka. Baƙon da bai san ka ba shi ne ma'auni. Ku nemi inda za ku tsaya gaban mutanen da ba sa jin kunyar ku, ko bikin unguwa ne, ko taron makaranta, ku kalli fuskokinsu, ku ga a wane baiti hankalinsu ke barin ku.

Amma dole in faɗa muku ɗaya ɓangaren. Unguwar da suka yi aiki a cikinta, St. Pauli, unguwar mashaya ce da gidajen banza. Don su iya tsayuwa har tsakar dare suka shiga haɗiyar wata ƙwaya mai hana barci da ake kira Preludin. Wannan ba abin koyi ba ne ko kaɗan. Ƙwaya ba ta taɓa koya wa kowa jita ba, awowin atisaye ne suka koya musu, kuma John Lennon ya zo ya yi fama da miyagun ƙwayoyi masu ƙarfi a ƙarshen shekarun 1960. Duk wanda ya ce muku sai da ƙwaya basira ke saukowa, so yake ya raba ku da muryar da kuma lafiyar. Haka nan zuwansu na farko ya ƙare da kora: a watan Nuwamba na 1960 hukuma ta mai da George gida saboda shekarunsa 17 ne, bai isa aikin dare a kulob ba. Ku san dokar inda za ku yi aiki kafin ku ɗaura kaya.

A wannan zaman na farko ne wani abu ya faru da ya kamata ya tsaya muku a rai. Ranar 15 ga Oktoba, 1960, John da Paul da George suka shiga wani ƙaramin situdiyo a Hamburg don su yi wa wani mawaƙi kiɗa, mai gangar ranar kuwa Ringo Starr ne, wanda a lokacin yake tare da wata ƙungiyar. Wannan ne karo na farko da aka naɗi su huɗun tare, waɗanda daga baya duniya ta san su a matsayin Beatles. An yi 'yan kwafi kaɗan, amma har yau ba a ga ko ɗaya ba. Faifan 1958 ya tsira ne domin mutum ɗaya ya ajiye shi, na 1960 ya salwanta domin ba wanda ya ɗauke shi da muhimmanci. Don haka kada ku goge aikinku na farko saboda kunya. Ku ajiye shi a wuri biyu, kada ku dogara da waya ɗaya da za ta iya faɗawa ruwa ko a sace ta. Ku rubuta ranar da aka yi shi da sunan duk wanda ya sa hannu.

'Yan amshin wani

A watan Yuni na 1961 suka fara aiki da kamfanin faifai na gaske, amma ba da sunansu ba. Wani furodusa Bajamushe, Bert Kaempfert, yana son ya naɗi wani mawaƙin Ingila da ke Hamburg, Tony Sheridan, a kamfanin Polydor, sai ya ɗauki Beatles su yi masa kiɗa da amshi. A ɗakin taron wata makaranta aka yi aikin. Da faifan "My Bonnie" ya fito a Jamus, sunan Sheridan ne a gaba, su kuwa aka kira su Beat Brothers.

Matashin yau zai iya cewa wannan raini ne. Amma mu da muka san yadda makaɗan gargajiya suke tasowa, mun san ba raini ba ne. Da yawa daga manyan makaɗanmu sai da suka yi shekaru suna amshi a bayan wani kafin su ja nasu ayarin. A bayan Sheridan suka ga yadda ake tsayar da makirufo, yadda ake maimaita waƙa har ta zauna, yadda furodusa ke saurare. Kuma a wannan zama aka ba su dama suka yi guda biyu su kaɗai.

Ga abin da faifan amshin nan ya haifar. A Liverpool akwai wani saurayi ɗan shekara 27, Brian Epstein, mai kula da sashen faifai a shagon gidansu da ake kira NEMS. Kamar yadda shi da kansa ya ba da labari, matasa ne suka fara zuwa shagon suna tambayar "My Bonnie". Ranar 9 ga Nuwamba, 1961, ya sauka Cavern da rana don ya gane wa idonsa. Kafin ƙarshen watan Janairu na 1962 ya zama manajansu. Da sun ƙi yi wa Sheridan amshi don girman kai, da babu faifan da za a je shago a tambaya.

Ranar da aka ce ba su yi ba

Epstein ya samo musu gwaji a kamfanin Decca da ke Landan, ranar 1 ga Janairu, 1962. A jajibirin ranar suka taso a mota, direba ya ɓata hanya, ga dusar ƙanƙara, suka yi kusan awa 10 kafin su isa. Da safe suka shiga situdiyo a gajiye kuma a tsorace. Aka duba na'urorin ƙara sautinsu aka ce ba su da kyau, sai dai su yi amfani da na kamfani. Suka yi waƙa 15, uku kawai daga ciki nasu ne na kansu. Mai sauraron wannan naɗi zai ji muryoyi a ɗaure, babu zafin da aka san su da shi a Cavern. Decca ta ce ba ta so, ta ɗauki wata ƙungiya daga kusa da Landan, Brian Poole and the Tremeloes. Wasu kamfanonin ma suka juya musu baya.

An daɗe ana yi wa Decca dariya a kan wannan. Ni dai abin da nake so ku gani daban ne. A ranar, Beatles ba su yi abin da suka iya ba. Mai hukunci abin da ka kawo masa yake aunawa, ba abin da ke cikin zuciyarka ba. In an ƙi aikinka, kafin ka ce an zalunce ka, koma ka saurara da kunnen baƙo. Wataƙila an yi kuskure a kanka, wataƙila kuma kai ne ka je a gajiye, da kayan aiki marasa kyau, da zaɓin waƙoƙin da ba su nuna ko kai wane ne ba. Duka biyun suna iya haɗuwa a rana ɗaya.

Epstein bai jefar da naɗin ba. Ya ɗauke shi ya kai shagon HMV da ke titin Oxford a Landan don a juya masa wasu waƙoƙin a kan faifai, ya ji daɗin yawo da su ofis-ofis. Ma'aikacin da ke juyawa ya saurara, waƙoƙin da suka tsara da kansu suka ja hankalinsa, ya haɗa Epstein da kamfanin buga waƙoƙi na Ardmore and Beechwood, wanda mallakar kamfanin faifai na EMI ne. Ta wannan hanya zance ya isa ga George Martin, shugaban Parlophone, ɗaya daga rassan EMI, wanda a lokacin an fi sanin sa da faifan barkwanci. Ku duba yadda abin ya jeru. Faifan da suka yi amshi ya kawo manaja. Naɗin da aka ƙi ya kawo furodusa. Babu ɗaya daga ciki da ya yi nasara a karan kansa, amma kowanne matakala ce a jikin tsani, kuma ba a hawa tsani da cire matakalar da aka taka.

Gyaran da ake karɓa, da wanda ake ƙi

Ranar 6 ga Yuni, 1962, suka fara shiga situdiyon EMI da ke Abbey Road. Nan ma kayansu suka ba su kunya, har sai da injiniyoyi suka haɗa wa Paul wata lasifikar kafin a iya aiki. George Martin, wanda ya yi karatun kiɗa a makarantar Guildhall, bai ga wani abin mamaki a waƙoƙinsu ba a ranar. Halinsu da barkwancinsu ne suka fi burge shi. Ku riƙe wannan: mutane suna son aiki da wanda zama da shi ke da daɗi.

Waƙarsu ta farko da ta fita kasuwa da sunansu su kaɗai, "Love Me Do", sau uku aka naɗe ta, da masu ganga uku: 6 ga Yuni, 4 ga Satumba, da 11 ga Satumba. Ta fito ranar 5 ga Oktoba, 1962, ta tsaya a lamba 17 a jerin waƙoƙin da aka fi saye a Birtaniya. Shekara 4 da 'yan watanni ke nan bayan ɗakin Percy Phillips, kuma ko a nan ba su zo na ɗaya ba.

Abubuwa biyu suka faru tsakaninsu da Martin a wannan lokaci, kuma a haɗe suke ba da darasi. Martin ya kawo musu wata waƙa da wani marubuci, Mitch Murray, ya tsara, "How Do You Do It", ya ce ita za ta fito da su. Ba su yi masa gardamar banza ba, sun koye ta, sun naɗe ta kamar yadda ya nema, sannan suka gaya masa sun fi son a san su da abin da suka rubuta da hannunsu. A ƙarshe aka ajiye ta. Martin bai yi kuskure a kan waƙar ba, domin Gerry and the Pacemakers sun ɗauke ta ta zo ta ɗaya a 1963. Su ma ba su yi kuskure ba, domin rubutun John da Paul ne ya zama jarinsu har ƙarshe. Sai kuma suka kawo masa tasu, "Please Please Me", tana tafiya a hankali. Ya ce ta yi sanyi, su ƙara mata sauri. Suka koma suka gyara, aka naɗe ta ranar 26 ga Nuwamba, ta fito a Janairun 1963, ita ce ta buɗe musu ƙofar ƙasar baki ɗaya.

Ga ma'aunin da nake ba ku. Gyaran da zai sa aikinka ya fi kyau, karɓe shi hannu biyu ko da ya yi maka ɗaci, domin abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba. Shawarar da za ta mai da kai wani mutum daban kuwa, saurare ta da ladabi, gwada ta in an nema, sannan ka faɗi ra'ayinka a fili. Matashi da yawa yana juya abin: ya ƙi gyaran murya da na kalma don girman kai, amma ya yar da salonsa gaba ɗaya ranar da aka ce ga abin da ke tashe.

Ranar 11 ga Fabrairu, 1963, suka naɗi waƙa 10 a yini ɗaya, daga ƙarfe 10 na safe har dare, don cika kundinsu na farko. John yana fama da mura, don haka aka bar waƙar da ta fi cin maƙogwaro, "Twist and Shout", sai a ƙarshe, kuma ɗaukar farko ce aka fitar. Kundin ya yi mako 30 a matsayi na ɗaya. Mutane suna mamakin yini ɗayan, amma ba a yini ɗaya aka yi shi ba. Darerun Hamburg da ranakun Cavern ne suka biya kuɗinsa tun da wuri.

Haƙƙin abokin tafiya

Akwai tabo a wannan labari, kuma ba zan rufe shi ba. Bayan zaman 6 ga Yuni, Martin ya ce gangar Pete Best ba ta zauna yadda yake so ba, zai kawo ƙwararre ya yi kiɗan situdiyo. Bai ce a kore shi ba. John da Paul da George ne suka yanke shawarar sauya shi da Ringo Starr, kuma ba su iya kallon idonsa sun faɗa masa ba. Epstein suka tura ya sallame shi ranar 16 ga Agusta, 1962, bayan shekara 2 suna kwana ɗaki ɗaya suna cin wuya tare. John da kansa ya amsa daga baya cewa ragwanta ce suka yi. Best ya koma aiki a gidan burodi, sannan ya yi aikin gwamnati kusan shekara 20, sai a 1995 ya sami kaso mai tsoka da aka fitar da tsofaffin naɗin da gangarsa ke ciki.

Yana yiwuwa aiki ya buƙaci a rabu da wani. Amma zuwa da kai ya fi saƙo. Wanda kuka fara tare, ka zauna da shi ka gaya masa gaskiya da bakinka, ka ba shi haƙƙinsa, kada ya ji a bakin wani. Shi ma Ringo bai shiga da sauƙi ba. Ranar 11 ga Satumba ya iso situdiyo ya tarar an kawo wani mai ganga, Andy White, shi kuma aka miƙa masa kacau-kacau ya riƙa girgizawa. Abin ya yi masa ciwo, amma bai yi fushi ya fice ba, ya tsaya har ya tabbatar da kujerarsa.

Takarda da sa hannu

Yarjejeniyarsu ta farko da EMI ta ba su kwabo ɗaya a kan kowane faifai da aka sayar, su huɗu su raba, bayan manaja ya cire nasa kason, alhali ana sayar da faifan sama da sule 6. A watan Fabrairu na 1963 aka kafa kamfanin Northern Songs don riƙe haƙƙin mallakar waƙoƙin John da Paul, kuma kusan rabinsa yana hannun ɗan kasuwar waƙa Dick James da abokin cinikinsa. A 1969 James ya sayar da kasonsa ga kamfanin ATV, waƙoƙin suka fita daga ikon waɗanda suka rubuta su. A 1985 Michael Jackson ya sayi sashen waƙoƙi na ATV ɗin a kan dala miliyan 47.5. Takardar da Paul ya sa wa hannu yana ɗan shekara 20 ta bi shi har tsufansa.

Ranar da aka miƙo muku takarda, murna za ta ce ku sa hannu kafin mai bayarwa ya sauya ra'ayi. Kada ku bi ta. Ku kai wa lauya ko wani babba mai ilimin abin ya karanta. Ku tambaya: waƙar ta wa za ta zama, har tsawon shekara nawa, nawa ne kasona, kuma ta yaya zan ga lissafi? Tsakaninku da abokai ma, ku rubuta wanda ya tsara baiti da wanda ya yi kiɗa tun kuɗi bai shigo ba, domin bayan ya shigo kowa da irin tunawarsa.

Sannan ku sani abin da aka naɗa ba ya mutuwa da sauƙi. A ƙarshen Disamba na 1962 an naɗi wasansu a kulob ɗin Star-Club na Hamburg da ƙaramar rikoda, suna wasa sakaka, suna zuba surutu. A 1977 aka fitar da shi kasuwa ba da son ransu ba, kuma sai a 1998 suka yi nasara a kotu a Landan aka hana sayar da shi. Su da rikoda ɗaya ce a ɗakin ke nan. Ku kuwa kowane aljihu da kyamara a ciki. Magana zarar bunu ce, don haka kalmar da ba za ku so 'ya'yanku su ji ba, kada ku faɗe ta gaban makirufo.

Abin da ya rage gare ku

Wayar da ke hannunku a yau ta fi na'urar Percy Phillips ɗaukar sauti nesa ba kusa ba, kuma kuna iya isar da waƙa ƙasashe goma kafin ku tashi daga zaune. Wannan sauƙi ni'ima ce, amma ya zo da haɗari, domin ya cire tazarar da ke tsakanin yin abu da nuna shi, alhali a cikin wannan tazara ake gyara. Ku mayar da ita da kanku. In kun naɗi waƙa, ku bar ta ta kwana biyu, ku dawo ku saurara da takarda da biro, ku rubuta wurare uku da ba su yi ba. Ku kai wa wanda ya fi ku sani kuma ba ya tsoron ɓacin ranku. Ku sake ɗauka. Bayan wata 6 ku jera tsohuwar da sabuwar, ku ji ko akwai bambanci. In akwai, kuna kan hanya ko da mutum 20 ne suka saurara. In babu, to yawan masu saurare ba zai rufe wannan ba.

Nasihar nan ba ta mawaƙa kaɗai ba ce. Mai rubuta littafinsa na farko, mai ɗaukar fim da waya, mai koyon ɗinki, mai fara shirin rediyo, duk ta shafe su. Ku fara da abin da ke hannunku, ku yarda ku yi amshi kafin ku ja gaba, ku karɓi gyara, ku kiyaye lafiyarku da mutuncinku, ku sauke haƙƙin abokan tafiya, ku karanta kafin ku sa hannu. Sannu ba ta hana zuwa. Allah Ya sa albarka a cikin baiwar da Ya ba ku, Ya haɗa ku da malamai na gari da abokai masu amana, Ya sa abin da za ku bari a bayanku ya zama abin alfahari ga iyayenku da al'ummarku.